Masara, farar ƙasa da kasko: fashin baƙi kan girkin Gwatemala

Da asubar fari a garuruwan tsaunukan Gwatemala, ƙarar farko da kunne ke ji ita ce ta injin markaɗe. Mata da 'yan mata kan jera robobi a bakin injin, kowace da dafaffiyar masarar da ta kwana a ruwa, ta kumbura, ta yi ɗorawa-ɗorawa. Kafin rana ta ɗaga sai a fara jin tafi daga cikin gidaje, tas-tas-tas, kamar ana gaɗa. Ƙullu ne ake bugawa tsakanin tafin hannu biyu har ya faɗaɗa ya zama tortiya, siririyar gurasar masara da ake ci safe da rana da dare.

Gwatemala tana Amurka ta Tsakiya, kudu da Meziko. Ƙidayar 2018 ta nuna kusan kashi 42 cikin ɗari na mutanenta 'yan ƙabilun Maya ne, masu harsuna sama da 20, manya daga ciki su ne K'iche', Q'eqchi', Kaqchikel da Mam. A bakin da yawa daga cikinsu sunan ƙasar Iximulew, wato ƙasar masara, kuma tsohon littafin K'iche' mai suna Popol Vuh ya ce da ƙullun farar masara da rawaya aka gina jikin mutanen farko. Wanda ya leƙa jerin abincinsu zai ga sunaye rututu har kansa ya ɗaure. Amma kusan duka suna tsaye ne a kan dabaru biyu: dafa masara da farar ƙasa, da gasa kayan miya a busasshen kasko kafin a niƙa. Wanda ya fahimci waɗannan biyun, sauran duk rassa ne.

Tukunyar daren jiya

Duk wadda ta saba tuƙa tuwon masara ta san garin masara ba ya haɗuwa da ruwan sanyi. A kwaɓa shi, a mulmula, a yi ƙoƙarin faɗaɗa shi, sai ya wargaje kamar yashi, domin ba shi da danƙon alkama. Ƙullun matan Gwatemala kuwa yana lanƙwasuwa ba ya karyewa, alhali ko ƙwayar alkama babu a ciki. Asirin yana cikin abin da suke kira kal: farar ƙasa da ake samu idan an ƙona dutsenta a wuta mai tsanani, sannan aka kashe shi da ruwa ya zama gari ko kwaɓi. Masarar da aka dafa da ita sunanta nishtamal, kalmar da ta fito daga harshen Nahuatl na Meziko, haɗin "toka" da "ƙullu". Sunan kansa ya nuna cewa da tokar itace ma ana yi, wasu mazauna daji kuma bawon dodon-koɗi suka riƙa ƙonawa.

Ga ma'aunin. Kilo 1 na busasshiyar tsabar masara, wadda ba a surfa ba, yana son lita 2 zuwa 3 na ruwa da giram 10 na farar ƙasa, kusan cokalin cin abinci ɗaya. A tsince masarar, a wanke, a zubar da duk wadda ta taso saman ruwa. A narka farar ƙasar a ɗan ruwa daban, a juye a tukunya, a zuba masara. Cikin 'yan mintuna farar masara za ta koma rawaya, alamar aiki ya fara. A bar ta tana ɓararraka a hankali na minti 20 zuwa 45. Tazarar tana da faɗi saboda masara iri-iri ce, tsohuwa mai tauri ta fi sabuwa jan lokaci, sannan a gari irin Quetzaltenango, mai tsayin sama da mita 2,300 daga teku, ruwa kan tafasa tun bai yi zafin da yake yi a ƙasa ba, don haka dahuwa kan daɗe.

Shi ya sa mai girki ba ta dogara da agogo. Takan ciro tsaba ɗaya ta murza tsakanin yatsu: in fatar ta saluɓe, an kusa. Sai ta cije ta. Ana son waje ya yi laushi, tsakiya kuma da sauran fari da ɗan tauri kamar alli. A nan ake sauke tukunya, a rufe, a bar masarar ta kwana cikin ruwanta, awa 8 zuwa 14. Da safe a tsiyaye ruwan, a cuɗa masarar da hannu cikin ruwa mai tsabta sau biyu ko uku, a kai markaɗe tana jiƙe. Kafin zuwan inji, a dutsen niƙa ake yi, kuma har yau akwai gidajen da ke sake bi ta kan ƙullun inji da dutse don ya ƙara laushi. Kilo 1 na tsaba kan ba da ƙullu sama da kilo ɗaya da rabi.

Abin da ke faruwa a cikin tukunyar shi ne, kaifin farar ƙasa yana narkar da fatar masara ta zama wani abu mai yauƙi, zafi kuma yana dafa wani ɓangare na sitacin, sauran ya rage ɗanye. Wannan yauƙi da rabin dafaffen sitaci su ne ke riƙe ƙullu. Daga nan ake gane kowane kuskure. In farar ƙasa ta yi yawa, ƙullu zai yi rawaya sosai, ya yi ɗaci da ɗanɗanon sabulu. In ta yi kaɗan, fata ba za ta fita ba, tortiya ta riƙa tsagewa a baki-baki. In masara ta dahu lugub, sitacin duk ya narke, ƙullu zai manne a hannu kamar ƙaro, kuma wannan ba shi da magani sai dai a sirka da wata masarar da ba ta dahu sosai ba. In ba ta dahu ba, ƙullu zai yi tsaki-tsaki. Wanki ma yana da iyaka: wadda ta cuɗe fatar tas har ba saura ta zubar da danƙon da take nema, wadda ta yi ha'incin wanki kuma za ta ji farar ƙasa a harshe.

Akwai gargaɗi uku ga mai son gwadawa. Kada a yi a tukunyar alminiyam, domin farar ƙasa tana cin ta, ta yi baƙi. Tukunyar ƙasa ko ta ƙarfen da ba ya tsatsa ake so. Farar ƙasar ta zama wadda aka tanada don abinci, ban da ta shafen bango, ban da kuma wadda ba a kashe da ruwa ba, domin tana ƙona fata da ido. Ruwan da aka tsiyaye kuma yana da kaifi ƙwarai, ba a ba dabba, ba a zuba shi a gindin shuka. Kanwa fa? Tana da irin wannan kaifin, za ta kuma sassauta fatar masara, sai dai ita gishirin sodiyam ce, ba ta ƙara wa abinci kalsiyam, ɗanɗanonta kuma daban.

Abin da jiragen ruwa suka bari a baya

Masara tana da niyasin, wato bitamin B3, amma a ɗaure yake, hanji ba ya iya cire mafi yawansa. Dafawa da farar ƙasa yana kwance shi. Yana kuma ƙara kalsiyam mai yawa, abu mai muhimmanci ga mutanen da ba su san madara ba kafin zuwan shanun Turawa, yana rage dafin fumfunar da ke kama masara a rumbu, ko da yake ba ya mayar da ruɓaɓɓiyar masara abin ci.

Da Turawa suka ɗauki masara zuwa Turai da Afirka a ƙarni na 16, tsabar suka ɗauka, dabarar suka bar ta. Talakawan da suka koma rayuwa a kan masara zalla sai suka kamu da felagira, ciwon rashin niyasin: fata ta yi baƙi da kaushi a inda rana ke bugu, ga gudawa, ga ruɗewar hankali, wani lokaci har mutuwa. Likita Gaspar Casal ya bayyana ta a yankin Asturias na Sifaniya a 1735, ta addabi arewacin Italiya, ta kashe dubbai a kudancin ƙasar Amurka, inda Joseph Goldberger ya fara bincike a 1914 ya nuna daga abinci take, ba ɗaukarta ake yi ba. A ƙasar Hausa ma masara ta iso ba tare da wannan dabara ba. Surfe muke yi, wanda ke cire dusa, sau da yawa har da idon tsabar, kuma abin da ke cike giɓin shi ne gyaɗa da wake da miyar da ake haɗawa da tuwon.

Ko da nishtamal, furotin ɗin masara gurgu ne, sai da wake yake miƙewa. Manomin Maya kan shuka masara da wake da kabewa a gona ɗaya da ake kira milpa: kara ya zama abin hawan wake, wake ya ƙara wa ƙasa ƙarfi, ganyen kabewa ya rufe ƙasa ya hana ciyawa. Cibiyar INCAP mai binciken abinci, da aka kafa a birnin Gwatemala a 1949, ta nuna cewa haɗin kashi 70 na masara da 30 na wake ya fi ba da furotin mai kyau. Baƙin wake suke ci, kuma tukunya ɗaya kan bi matakai uku: ranar farko a ci shi tsaye da romonsa, washegari a markaɗa a tace ya zama kamar fate, daga nan a soya da albasa ana juyawa har ya bushe ya naɗe kamar gammo a kasko. Sai dai kada a yi wa abin ado fiye da kima. Binciken lafiya na ƙasa na 2014 zuwa 2015 ya gano kashi 46.5 cikin ɗari na yara 'yan ƙasa da shekara 5 sun tsumbure, abin kuma ya fi muni a yankunan Maya. Gidan da tortiya da gishiri da kofi ne kawai abincinsa, farar ƙasa ba za ta cece shi ba.

Tortiya da tamal

Tortiyar Gwatemala ta fi ta Meziko ƙanƙanta da kauri, kuma da hannu ake buga ta. A gutsuri ƙullu kamar girman ƙwan zabo, a jiƙa hannu, a buga ana juyawa har ya kai faɗin tafi. Kaskon gashin, komal, faffaɗan faifai ne na yumɓu ko ƙarfe, ba a sa masa mai; na yumɓu akan shafa masa ruwan farar ƙasa don kada ya kama. Juyi uku ne: gefen farko kamar daƙiƙa 30, na biyu kusan minti 1, a juyi na uku tururin ciki zai kumbura ta. Wadda ta ƙi kumbura, ko kaskon bai yi zafi ba, ko ƙullun ya bushe, ko an bar gefen farko ya daɗe. Ana sauke su cikin kwando a lulluɓe da zane, tururinsu ya ƙarasa laushin. Ƙullu kuma ba ya jira, a lokacin zafi cikin 'yan awanni yake tsami. Masarar launi huɗu ce, fara, rawaya, ja da baƙa, kuma tortiyar baƙar masara tana da nata masoya.

Abin mamaki, masu tonon tarihi sun fi ganin alamun tamal fiye da na tortiya a tsoffin biranen Maya. A zanen bangon San Bartolo da ke yankin Petén, wanda ya kai kusan shekara 100 kafin haihuwar Annabi Isa, akwai mace a durƙushe tana miƙa kwanon tamal. Tamal ƙullu ne da ake naɗewa a ganye a turara, kamar yadda ake alale a ganye ko dokunun Gana.

Babban tamal, wanda ake kira kolorado saboda jar miyarsa, sau biyu ake dafa ƙullunsa. A dama kilo 1 na ƙullu da kimanin lita 2 na romo, a tace, a ɗora a wuta da giram 250 na mai da gishiri, a yi ta tuƙi da muciya minti 30 zuwa 45 har ya yi kauri kamar talgen da ya kusa zama tuwo. In aka saki muciya ƙasan zai kama, kuma ƙaurin zai bi kowane tamal. Ganyen ayaba sai an ɗan gifta shi a kan harshen wuta ko an tsoma shi a tafasasshen ruwa, in ba haka ba zai tsage wurin naɗi, ruwa ya shiga. A shimfiɗa ganyen mashan mai faɗi a waje, na ayaba a ciki, a zuba ludayin ƙullu, a ɗora miya, yankan nama, zaitun da sillen tattasai, a naɗe a ɗaure. A shimfiɗa ragowar ganye a gindin tukunya don kada su taɓa ruwa sosai, a turara awa ɗaya da rabi zuwa biyu. Da an sauke zai yi ruwa-ruwa, kada a tsorata. Sai ya huta kamar minti 20 yake kama jikinsa.

Asabar ce ranar tamal, kuma gidan da ke sayarwa kan kunna jar fitila a ƙofa. Alhamis ta pache ce, tamal ɗin da ake yi da dankalin turawa maimakon masara, wanda Quetzaltenango ta yi suna da shi. Akwai chuchito, ƙarami mai tauri a bawon masara, akwai baƙin tamal mai zaƙi da cakulan da busassun 'ya'yan itace na lokacin Kirsimeti. Musulmin da ya je can ya kiyaye: man da aka saba sa wa tamal kitsen alade ne, naman ciki ma sau da yawa na alade ne, haka wake soyayye a wasu gidaje. Tare da Sifaniyawa alade ya zo, bayan Pedro de Alvarado ya shiga ƙasar da yaƙi a 1524, don haka tamal ya girme shi nesa ba kusa ba. Man gyaɗa ko man shanu suna maye gurbin kitsen, ƙananan fararen tamal da ake ci da miya kuma galibi ƙullu ne da gishiri kawai.

Miyar da ake gasawa kafin a dafa

A 2007 Ma'aikatar Al'adu da Wasanni ta ayyana abinci huɗu a matsayin gadon ƙasa: pepián, jocón, kak'ik, da soyayyar agada cikin miyar cakulan. Ukun farko miya ce, kuma a nan kasko ke nuna aikinsa na biyu. Mu mun saba a markaɗa ɗanyen kayan miya a soya a mai. Su kuwa gasawa suke yi ba mai, sannan su niƙa, abin da ya fito su kira shi rekado.

Pepián, da ake dangantawa da Kaqchikel na yankin Chimaltenango, ita ce uwa. Ga kaza mai kilo ɗaya da rabi: tumatir 6, cikin tafi ɗaya na miltomate, albasa 1, tafarnuwa sala 4, busasshen barkonon guaque 2, na pasa 1, giram 60 na 'ya'yan kabewa da aka ɓare, giram 60 na riɗi, ɗan guntun kirfa, da tortiya 2. Miltomate wani ɗan koren abu ne mai tsami da ke cikin riga kamar takarda. Inda babu shi, ɗanyen koren tumatir da ɗigon lemun tsami sun fi kusa. Barkonon biyu na ƙamshi da launi ne, yajinsu kaɗan, busasshen tattasai ya fi kama da su fiye da attaruhu. 'Ya'yan kabewar kuwa aikin agushi suke yi.

A dafa kazar a lita 2 na ruwa da gishiri, a ajiye romon. Sai gashi, kuma kowane abu shi kaɗai, domin lokacinsu ba ɗaya ba ne. Riɗi minti 2 zuwa 3 ana motsawa, da ya fara tsalle ya yi ruwan zuma a kwashe. 'Ya'yan kabewa har su kumbura su fara fashewa. Barkono, bayan an cire 'ya'yansa, daƙiƙa kaɗan a kowane gefe, sannan a jiƙa shi a romo mai zafi minti 15. Tumatir, miltomate, albasa da tafarnuwa su ne masu daɗewa, ana so fatarsu ta yi tabon baƙi. Tortiya a gasa ta ta yi duhu ta bushe ƙayau, ita ce mai kaurara miyar. A markaɗa duka da romo, a tace, a dafa minti 20 zuwa 30 a ƙaramar wuta tare da kazar, dankali, da wiskil, wani koren ɗan itace mai yaɗo mai ɗanɗano kamar ɗanyar kabewa.

Mafi yawan pepián da ta lalace, a kasko ta lalace. Barkono ɗaya da ya ƙone zai ɗaɗɗaka tukunya gaba ɗaya da ɗaci, sukari kuma ba ya ɓoye shi. Gara a jefar a sake wani. Riɗin da aka bari a kasko bayan an sauke yana ci gaba da ƙonewa. Miyar da ba a gasa kayanta sosai ba kuma takan fito fari-fari, salam, kamar miyar agushin da ba ta soyu ba. Tunda tana da kauri, tana kamun gindi, sai ana motsawa. Ana so ta lulluɓe bayan cokali ba ta zube nan take ba.

Jocón, ana furta shi hokon, koriya ce shar, daga Huehuetenango: miltomate, ganyen albasa, koriyanda da kaza, a kaurara da ƙullu. Sirrinta ɗaya, ganyen ya shiga a ƙarshe, domin in ya daɗe a wuta korensa kan koma ruwan ƙasa.

Kak'ik ta fi su tsufa a kama. Ta Q'eqchi' ce, mutanen Cobán a Alta Verapaz, kuma sunan yana nufin ja da yaji. Romon talotalo ne, tsuntsun da ya fito daga wannan nahiya tun asali. Ba a kaurara ta kamar pepián, tsinkakkiya ake so. Jan launin daga achiote yake, jajayen 'ya'yan wata bishiya da ke rina abinci, yajin kuma daga ɗan ƙaramin barkonon Cobán da ake busarwa da hayaƙi. Ana sa na'ana'a da wani ganye mai ƙamshin koriyanda da suke kira samat. Talotalon gida yana da tauri, yakan ci awa 2 ko fiye a wuta, kuma wanda ya yi gaggawa zai samu romo mai daɗi da nama kamar roba. Akan kawo ta da ƙafar talotalo guda a tsaye cikin kwano, ga fararen tamal a gefe, a bukukuwan aure da na addini.

In aka duba kayan pepián da kyau, za a ga tarihin ƙasar a ciki. Tumatir, barkono, kabewa da masara 'yan gida ne. Kaza, albasa, tafarnuwa, riɗi da kirfa baƙi ne da suka zo bayan 1524. Fiambre kuwa, haɗin kayan lambu da nama iri-iri da cuku da ake ci da sanyi ranar 1 ga Nuwamba lokacin ziyarar makabarta, na zamanin mulkin Sifaniya ne, kuma cike yake da naman alade. A gaɓar Karebiyan, garin Livingston, Garifuna masu tushen Afirka suna da tapado, romon kifi da madarar kwakwa da agada, wanda ba ruwansa da farar ƙasa.

Abin sha

Atol kunu ne, ba wani abu ba. Ana sayar da shi da zafi a kasuwa da bakin coci, safe da yamma. Na ɗanyar masara ya fi farin jini: a yanke tsabar goyo 6, a markaɗa da lita 1 na ruwa ko madara, a tace, a dafa da kirfa, sukari da ɗan gishiri ana motsawa ba tsayawa, minti 15 zuwa 20. Yakan tsinke, kuma akwai camfin cewa hannun wani ne ya taɓa muciyar. Dalilin da ya fi kusa shi ne wuta ta yi yawa, ko masarar ta yi ƙuruciya, sitacinta bai kai ya riƙe ruwan ba. Farin atol na ƙullun nishtamal ne, ba sukari, ana sha da gishiri, barkono da 'yan ƙwayoyin wake a ciki. Atol shuko na baƙar masara ne da aka bari ta yi tsami, ɗan'uwan kokonmu. Pinol kuma garin gasasshiyar masara ne.

Ɗayan kokon, wanda ake cakulan da shi, gara a kira shi da sunansa na Maya, kakaw, don kada a rikice. A wani kabari a Río Azul, cikin Petén, an tono tulu na ƙarni na 5 da aka rubuta wannan kalma a jikinsa, gwajin da aka yi wa busasshen abin da ke ciki kuma ya tabbatar kakaw ne. Sarakunan Maya sha suke yi, da ruwa, ba sukari, wani lokaci da barkono ko achiote, kuma kumfa ake nema: a riƙa kwarara shi daga ƙwarya zuwa ƙwarya daga sama, kamar yadda mai shayi ke yi. A yau akan bar 'ya'yan su ruɓa kwana 5 zuwa 7, a shanya, a gasa a komal, a ɓare, a niƙa a dutse har mansa ya fito, a haɗa da sukari da kirfa a yi ƙananan faifai. Garin Mixco ya shahara da wannan sana'a. Gashin nan ma shi ne wurin haɗari: in bai kai ba akwai tsami da bauri, in ya wuce sai ɗacin gawayi. Q'eqchi' har yanzu suna ba baƙo kakaw a ƙoƙo mai zane a ranar biki.

Akwai na maye, irin su boj na ruwan rake da kusha da ake dafawa a gida, mai ziyara ya san sunayensu don ya kauce. Cikin masu sanyi kuwa Bahaushe zai ga 'yan gida: rosa de jamaica zoɓo ne sak, tamarindo kuma ruwan tsamiya. Orchata tasu ta shinkafa ce da kirfa.

Kofi na Antigua da Huehuetenango ya yi suna a duniya, amma mafi kyawunsa waje ake kai shi. Haka kadamon, ɗan ƙamshin da Larabawa ke kira hel. Wani Bajamushe ne ya kawo shi Alta Verapaz a farkon ƙarni na 20, Gwatemala ta zama kan gaba a duniya wajen fitar da shi, alhali da wuya a gan shi a tukunyar manoman Q'eqchi' da ke noma shi. Mafi yawansa ƙasashen Larabawa yake tafiya, don haka alhajin da aka miƙa wa ɗan finjalin gahawa a Makka ko Madina, akwai yiwuwar ƙamshin da ya ji daga tsaunukan Cobán ya taso.